Alhajin Aro

Alhamis, 14 ga Satumba, bayan la'asar. Shinkafi.

Ba a yi aiki yau ba. Tun ƙarfe goma muka kafa fitilu a falon benen da aka ara mana. Sirajo ya saita kyamara, ya sake saitawa, ya ci gyaɗa, ya share ɓawon. Muttaka bai iso ba.

Fitowa ɗaya tak muka zo ɗauka, ba ta kai minti biyu ba: Alhaji Namadi, attajirin da Muttaka yake fitowa a matsayinsa a shirina, zai fito daga ɗaki ya sauko matakala. A wadda muka ɗauka watan jiya ya shiga ɗakin da hula ƙube, ya fito da dara ja. Ba wanda ya lura sai ni, a wurin tace hoto. Sirajo ya ce in bar shi haka, ai mai kuɗi yana iya canza hula a ɗakinsa. Na ce shekara goma sha bakwai ina rubuta wa wasu labari a Kano suna ɓata mini shi da irin wannan sakaci, ba zan buɗe nawa na kaina da shi ba.

Na zaɓi Alhamis don ranar kasuwa ce, motoci na tafiya a jere. Mu mun zo tun jiya. Shi yana da aji a firamare a Ƙaura, ya ce zai yi kiran suna ya biyo motar hantsi.

Wajen ƙarfe biyu wani direba ya shigo tasha ba gilashin baya. Ya ce an tare motoci uku a hanya, an shiga daji da mutane.

Wayar Muttaka tana shiga, ba a ɗauka.

Juma'a, 15, bayan magariba. Ƙaura.

Mun dawo a bayan motar sojoji. Gero ya fi mutum tsawo hagu da dama. Na ga motar a gefen hanya, ƙofofi huɗu a buɗe, kwandon tumatir a kife. Na kama kaina ina duba ta inda rana take faɗa mata. Na rubuta wannan don gaskiya ne, ba don ina alfahari da shi ba.

Na je gidan Muttaka bayan an sauko daga masallaci. Ɗaki biyu ne da 'yar rumfa. Yayansa Malam Hashimu ya zo daga Ɗan Isa da laka a ƙafar wandonsa, daga gona aka kira shi. Ban taɓa ganinsa ba sai yau.

"Kai ne Jibrilu mai fim?"

"Ni ne, Malam."

Ya dube ni tun daga hula har takalmi. "To. Allah shi kyauta."

Suwaiba, matar Muttaka, ta aiko mini da ruwa a kofin silba. Ba ta fito ba.

Asabar, 16, ƙarfe goma sha ɗaya na safe.

Waɗanda suka kama shi sun kira, a wayar Hashimu. Ina wurin. Suka ce Alhaji yana hannunsu. Hashimu ya ce, "Wane Alhaji? Ƙanena malamin furamare na, ko Gusau ba ya zuwa sai ta kama dole." Mai maganar ya yi dariya, ya ce kada a raina musu hankali, sun san shi, kowane mako suna kallonsa a waya. Sun ga benen, sun ga motocin, sun ga shanun.

Benen na wani ɗan kasuwa ne da ke zaune a Abuja. Motocin na 'yan biki ne muka roƙa na awa biyu. Shanun a Zurmi muka same su suna kiwo, muka tsaya daga nesa muka ɗauka. An ce kayan aro ba ya rufe katara. Namu ya rufe har ya yi yawa.

Da aka kashe wayar Hashimu ya juyo gare ni. "Yau ma za a nuna shi?"

Na ce i, ƙarfe takwas, kashi na shida.

"A tsai da shi."

Na kira Fauziyya, mai kula da shirye-shirye a tashar talabijin da ke nuna shirin. Ta jajanta. Ta ce idan na ce a cire, za a cire, amma in san cewa shirin da ya bar gurbinsa na daren Asabar ba ya komawa, akwai mutum tara a layi suna jira. Ta ce ina da har ƙarfe biyar.

Na ce bari in yi tunani.

Asabar, ƙarfe biyar da rabi.

Ban kira ta ba.

Lahadi, 17, hantsi.

Kashi na shidan ya fita. Saƙonni sun cika mini waya, ana cewa wannan kashin ya fi duk na baya. A cikinsa ne Alhaji Namadi yake kwance bakin buhu ya zazzage kuɗi a kan gado. Tsofaffin takardun jarrabawa ne Muttaka ya kawo daga makarantarsu, Sirajo ya yanka su da reza, muka ɗora na gaske ɗaya ɗaya a sama.

Jiya na gaya wa kaina cewa abin da suka gani sun riga sun gani, kashi ɗaya ba zai ƙara komai ba. Na gaya wa kaina sau da yawa, har na ci tuwo.

Litinin, 18, bayan azahar.

Sun sake kira. Ba zan rubuta abin da suka ce suna so ba. Ya ninka na ranar Asabar. Sun ce sun ga buhun.

Hashimu bai ɗaga murya ba, na fi son da ya ɗaga. Ya ce, "Ni ban san fim ba, gero nis sani. Amma kai kaɗ ɗaure kura, kai za ka kwance ta."

Na kira Fauziyya na ce a cire. Ta ce Allah ya fito da shi lafiya. Sirajo ya sauke duk kashi shidan daga Yutub. Aikin banza ne, masu tura fim a waya a bakin kasuwa sun riga sun kwashe, yau ma na wuce wani shago na ji muryar Muttaka tana yi wa direba tsawa.

Laraba, 20, bayan asuba.

Akwai abin da ban rubuta ba ranar Alhamis.

Ranar Laraba da yamma na kira Muttaka daga Shinkafi. Kayan Alhaji Namadi suna wurinsa, don Suwaiba ce take wanke su ta goge. Na ce ya sa su tun daga gida, babbar rigar gezna, takalmin, agogon, da hular ƙube, kada a sake zuwa a ce an manta wani abu a jaka. Ya yi dariya ya ce, "Darakta, in shiga motar haya da gezna da agogon zinare? Sai mutane su ce na ci gado." Agogon na roba ne, a kasuwar Ƙaura na saye shi. Na ce ya sa, har hular.

Jiya an sako wata tsohuwa da ke cikin motarsu, ƙafarta ta hana ta tafiya. Ta ce shi suka fara nunawa. Wani a cikinsu ya kira sunan, ya ce ga Alhaji Namadi.

Suwaiba ta san wanda ya ce a sa kayan, ita ta goge su da safen. Ban ji alamar ta gaya wa Hashimu ba.

Alhamis, 21, la'asar.

Ba kira.

Juma'a, 22, bayan sallar Juma'a.

Hashimu ya ce zai ɗauki hoton gidan da wayarsa ya tura musu, su ga inda Alhajin nasu yake kwana. Na ce hoton waya ba zai gamsar da kowa ba, ya bar ni in yi shi yadda ya kamata. A karon farko tun da abin ya faru na ji jinina yana tafiya daidai. Wannan aikin dai na iya shi.

Ya shiga ya yi magana da Suwaiba. Na ji ta daga rumfa tana cewa ita ba a taɓa ɗaukar ta ba, ko a bikinta hoto ɗaya aka yi. Ya ce mata don Baban Saudat ne. Ya fito ya ce gobe.

Asabar, 23, bayan magariba.

Mun yi. Zan rubuta shi yadda ya faru.

Mun je ƙarfe bakwai saboda hasken safe. Ɗakin bai yi kama da na talaka ba a cikin kyamara, ya cika tsabta. Na sa an fitar da 'yar talabijin ɗin da fanka da labulen ƙofa mai fure. Na sa an naɗe ledar ƙasa, aka aro tsohuwar tabarma a maƙwabta. Saudat, babbar 'yarsu, da ƙannenta biyu sun yi wanka sun sa kayan Islamiyya, na ce a mayar musu da na jiya. Mun ɗauki babur ɗinsa da igiya a madadin birki, wannan kam ban taɓa shi ba, haka yake. Mun je makaranta muka ɗauki allo da rubutun hannunsa da ba a goge ba.

Sai Suwaiba. Ta zauna a bakin gado da hijabi ruwan toka, ta dubi kyamara kamar mai duban ma'aikacin allurar rigakafi. Ta ce, "Ni ce Suwaiba, matar Muttaka. Malamin makaranta na. Ga gidanmu kun gani. Rigar da kunka gan shi da ita ba tashi ba ce, ni ka wanke ta. Ku dubi Allah ku sako muna shi." Shi ke nan. Idonta a bushe.

Na ce ya yi kyau, amma bai taɓa zuciya ba, mu sake.

Ta ce, "Malam Jibrilu, mi kaka so in ce? Na hwaɗi gaskiya."

Na ce maganar ta yi, fuskar ce. Na ce ta tuna safiyar da ya fita. A na biyun muryarta ta karye, hawaye ya zo, sai injin niƙan maƙwabta ya tashi ya cinye sautin duka. Sirajo ya je ya roƙi mai injin ya kashe na minti goma.

Kafin na uku ta riga ta share fuska ta koma yadda take. Na matsa kusa na yi ƙasa da murya, yadda nake yi wa 'yan wasa. Na ce ta ɗauka makara ce aka shigo da ita ta wannan ƙofar, an ajiye a kan wannan tabarmar, an ce ta zo ta yi masa addu'a.

Ta yi kuka har yaran suka kama. Na bar kyamara tana tafiya. Da na ce a yanke, Sirajo ya naɗe wayoyinsa bai dube ni ba.

Lahadi, 24, azahar.

Mun tace. Minti shida. Na sa sarewa a ƙarƙashin kukan, siririya, ba mai yawa ba. Na buɗe da allon makaranta na rufe da babur.

Shi ne abu mafi kyau da na taɓa yi. Na kalle shi sau biyar. Hashimu ya kalla sau ɗaya, ya goge ido da hannun riga, ya tura musu.

Talata, 26, bayan la'asar.

Sun kira. Hashimu ya buɗe sautin don in ji.

"Mun gani. Wanga ma fim na."

Hashimu ya shiga rantsuwa. Mutumin ya katse shi. Ya ce matar ta iya, a gaishe ta. Ya ce, "Mu mun sha shiga gidan talaka, ba mu taɓa jin sarewa na tashi ba." Ya ce wanda ke da masu yi masa irin wannan aiki ba ƙaramin mutum ba ne, kuma tun da wasa ake so a yi da su, za su nuna wa Alhaji nasu wasan. Ya kashe.

Hashimu ya sa wayar a aljihu. Ya ce, "Ka tahi gida, Jibrilu. In da wani abu, a kira ka."

Alhamis, 28, safe.

Wayarsu a kashe.

Asabar, 30, magariba.

A gurbina sun sa shirin girke-girke.

Litinin, 2 ga Oktoba, hantsi.

A kashe.

Na zauna a zauren Baba, Allah ya jiƙansa, inda ya yi shekara talatin yana karantar da littattafan fiƙihu bayan ya tashi daga kotu. A nan na fara rubutu a bayan littafin lissafi, ina ɓoyewa a ƙarƙashin buzu. Da na tafi Kano ya ce ya haifi marubucin ƙarya, amma aƙalla in riƙa yin wadda ba ta cutar da kowa. Na rubuta fim arba'in da wani abu. A goma sha ɗaya ne kawai sunana ya fito, a biyu ma an rubuta shi ba daidai ba. Na rubuta mutuwar uwa ta fi sau ashirin, na san daƙiƙar da mai kallo zai nemi bakin zane. Na dawo gida don in yi nawa, da mutanenmu, da harshenmu, sunana a farko. Muttaka na gani a wasan kwaikwayon makaranta yana kwaikwayon hakimi, yara na faɗuwa don dariya. Ni na bi shi har gida. Sau biyu yana cewa a'a.

Na ɗauko rubutun kashi na goma sha uku in duba. Na mayar.

Laraba, 4, la'asar.

A kashe. An fara yankan gero a Ɗan Isa. Hashimu ba ya ɗaukar wayata.

Juma'a, 6, bayan azahar.

Na hango Suwaiba a bakin famfo da jarka. Na canza hanya. Ina tsammanin ta gan ni.

Lahadi, 8, safe.

Sirajo ya kawo labari, shi ana yi masa magana. Sun buɗe waya tun ranar Alhamis. Yana da rai, Hashimu ya ji muryarsa, ya ce ba ta fita sosai.

Akwai wani mutum da ke kai burodi ƙauyukan bakin dajin a kan babur. Ɗansa ya yi aji huɗu a hannun Muttaka. Shi ya gaya musu cewa wannan malamin ɗansa ne, ya san shi yana cin bashin sabulu a shago. Sun yarda da shi nan take. Sun sauko da kuɗin da suke nema.

Na tambayi Sirajo sunan mutumin. Ya ce ba a faɗa.

Laraba, 11, magariba.

Hashimu ya sayar da geron bana tun yana kan gona, da gonar gadonsu ta bakin rafi. Na ba Sirajo kyamara da fitilu ya kai Gusau ya sayar. Abin da ya dawo da shi na aika. An karɓa, ba a aiko da saƙo ba.

Asabar, 14, la'asar.

Yau wata ɗaya.

Alhamis, 19, bayan azahar.

An same shi da safe a gefen wata gona ta wajen Zurmi, shi da mutum biyu. Masu yankan dawa ne suka ɗauko su a amalanke. Yana asibiti. Sirajo ya gan shi, ya ce gajeren wando ne kawai a jikinsa. Na tambaye shi ya yake. Ya ce yana gane mutane.

Na yi alwala na yi raka'a biyu. Na daɗe ban tashi daga sujada ba.

Lahadi, 22, safe.

An kawo shi gida jiya. Ban je ba, mutane sun yi yawa.

Litinin, 23, safe.

Ban je ba.

Talata, 24, bayan la'asar.

Ya aiko a kira ni.

An mayar da ledar ƙasa da fanka da labulen mai fure. Yana zaune a kan katifa da filo a bayansa. Ya rame har kunnuwansa sun fito. Hannunsa na dama a naɗe yake har gwiwa, naɗin ya fi hannu gajarta ta wurin yatsu. Da shi yake riƙe alli. Ya miƙo mini na hagu muka gaisa.

"Darakta. Ka ɓuya."

Na ce ina nan. Na yi masa barka. Na fara wata magana da na shirya tun a hanya, ya ɗaga hannun ya tsayar da ni. Ya ce rigar da hular ƙaddara ce, shi ma da bai so ba da bai sa ba, kada in sake tayar da ita. Ya tambayi Sirajo. Ya tambaya ko gaskiya ne an sa girki a gurbinmu, na ce gaskiya ne, ya yi 'yar dariya, tari ya kama shi.

Da tarin ya lafa ya ce, "Sun nuna min shi, ka sani. Wanda kaɗ ɗauka nan ɗakin. Sunka zaunar da ni sunka riƙe min waya. Sau biyu. Rannan na anka yi wannan." Ya dubi naɗin, ya ɗauke kai.

Ya ci gaba.

"Ba shi ad damuwata ba. Shekara goma sha ukku muna tare da Suwaiba. Ta binne uwatta, ta binne ɗanmu na hwari, ban taɓa ganin ta yi kuka gaban baƙo ba. Da nig ga tana wanga kuka, sai nic ce to, an gaya mata na mutu. Kwana ashirin da wani abu ina kwana da shi ina tashi da shi." Ya gyara zama. "Na yi aiki da kai, na san hannunka. Sau nawa kas sa ta?"

Na dubi fankar. Na ce sau ɗaya.

Daga bayan labule Suwaiba ta ce, "Ukku."

Muttaka ya gyaɗa kai a hankali. Ya ɗaga murya kaɗan ya ce a kawo wa Malam Jibrilu ruwa, zai tafi.